Nargis: Uwar da Ta Harbe Ɗanta

Tun daga shekarun 1950, lokacin da Kwarori masu gidajen silima suka fara shigo da finafinan Indiya, mutanenmu suka rungume su hannu biyu. Daga cikin waɗanda suka fi daɗewa a zukatanmu akwai Mother India, wanda Mehboob Khan ya shirya a 1957. Tauraruwarsa kuwa ita ce Nargis.

An haife ta a Kalkata a 1929, aka raɗa mata suna Fatima Rashid. Mahaifiyarta, Jaddanbai, mawaƙiya ce, don haka gado ta tarar. Ta yi tashe tare da Raj Kapoor a finafinan soyayya irin su Barsaat na 1949 da Awaara na 1951. Tana tsakiyar wannan tashe, da shekara 26 kacal, ta yarda ta fito a matsayin Radha, matar ƙauye, tun daga amarci har furfura.

Mai karatu, dubi wannan labari. Bashin mai ba da rance da ruwa, Sukhilala, ya cinye gona. Miji ya rasa hannuwansa, kunya ta sa ya shiga duniya. Ambaliya ta share amfani. Radha ta ja garma da kafaɗarta don ta ciyar da 'ya'yanta. Daga ƙarshe ɗanta Birju ya zama ɗan fashi, ya sace 'yar mai rancen, ita kuwa ta ɗauki bindiga ta harbe shi don kare mutuncin 'yar mutane. Wanda ya tashi a Kuki ko Kurfi ko Dutsin-Ma bai bukatar tafinta, domin ya san manomin da ya ci bashi da bazara, kaka ta zo hatsin ya tafi rumbun wani.

Ana cikin ɗaukar fim ɗin gobara ta rutsa da ita, Sunil Dutt, wanda ya fito a matsayin Birju, ya kutsa ya ceto ta. Suka yi aure a 1958, shekarar da ta sami kyautar gwarzuwar 'yar wasa a bikin Karlovy Vary. Daga nan ta ja baya da wasa, ta koma hidimar gida da taimakon yara naƙasassu. Ta shiga majalisar dattawan Indiya a 1980, ciwon daji ya yi ajalinta ranar 3 ga Mayu, 1981, kwanaki kaɗan kafin fitowar Rocky, fim ɗin da ya fito da ɗanta Sanjay Dutt, wanda samarinmu suka yi wa laƙabi da Ɗan Daba Mai Lasin.

Mu marubuta mun kwaso waƙa da rawa da soyayya daga Indiya, amma mun bar Radha a baya, alhali kuwa ga irinta nan birjik a ƙauyukanmu, suna surfe da aikatau don 'ya'yansu su ci. Wa zai rubuta labarinsu in ba mu ba? Allah ya sa mu dace.