Daga Kofin Gwamna na 1953 zuwa Filin Makarantar Ƙauye a Arewacin Kano

Wasan ƙwallon ƙafa, wanda Kanawa suke kira tamaula, ba ya cikin wasannin da Bahaushe ya gada kaka da kakanni, domin kafin zuwan Turawa samari sun fi sanin kokawa da dambe da langa, waɗanda ake yi a dandali bayan an kawar da amfanin gona. Ta ƙofar makarantar boko wasan ya shigo Nijeriya, kuma karawar farko da aka adana labarinta a rubuce ita ce wadda aka yi a Kalaba a 1904, tsakanin makarantar Hope Waddell da ma'aikatan wani jirgin ruwan yaƙi na Ingila. A Amurka ma ɗalibai ne suka kafa tushe, inda jami'o'in Rutgers da Princeton suka kara a 1869, har daga baya aka sami irin tasu ƙwallon da ake runguma da hannu, wadda jami'o'i suke neman kambinta na ƙasa kowace shekara. Sai dai a Nijeriya makaranta ta reni 'yan wasa ne kawai, shi kuwa kofin ƙasa ya zama abin takarar garuruwa da ma'aikatu.

A Arewa, Kwalejin Katsina da aka buɗe a 1921, wadda ta koma Kaduna a 1938, sannan Zariya a 1949, ta horar da malamai waɗanda suka bazu cikin lardunan Arewa ɗauke da al'adar wasannin yamma, haka ma Midil ta Kano, wato Kwalejin Rumfa ta yau, wadda aka kafa a 1927. A ɗaya gefen kuma, isowar jirgin ƙasa Kano a 1911 da bunƙasar cinikin gyaɗa sun tara ma'aikatan reluwe da akawunan kamfanoni a Sabon Gari, su ma suka kafa ƙungiyoyinsu. Waɗannan hanyoyi biyu, ta makaranta da ta ma'aikata, su ne suka mai da Kano garin tamaula.

A 1945 aka fara gasar Kofin Gwamna, a zamanin Gwamna Arthur Richards, bisa tsarin sili-ɗaya-ƙwale, wato duk ƙungiyar da aka doke sau ɗaya ta fita ke nan. Shekara takwas a jere kofin bai bar Legas ba, yana yawo tsakanin ƙungiyoyi irin su Marine da Railway, har mutane suka ɗauka cewa na mutanen bakin teku ne. A 1953 ƙungiyar Kano ta doke Lagos Dynamos da ci biyu da ɗaya a wasan ƙarshe, ta zama ta farko daga wajen Legas da ta ɗaga kofin, kuma a 1954 ta sake kaiwa wasan ƙarshe, inda Kalaba ta yi galaba a kanta. Tun daga nan gasar ta cancanci a kira ta ta ƙasa, domin an ga cewa mazauna nesa da teku ma suna iya cinye ta.

Amma wannan nasara ta birni ce, kuma ta daɗe kafin ta yi saiwa a ƙasashen Ɗambatta da Bichi da Minjibir da Dawakin Tofa da Makoɗa, saboda ƙarancin fili. Wannan yanki yana cikin yankunan karkara mafi cunkoson jama'a a Afirka ta Yamma, inda gona take manne da gona, ake noma kowace shekara ba a barin ta ta huta, ana raya ta da takin gida da wanda jakuna suke kawowa cikin mangala. Cikakken filin ƙwallo yana cin kimanin mita 100 a tsawo da kusan 70 a faɗi, wanda ya kai gonar da wani magidanci yake ɗora abincin iyalinsa a kanta, alhali kokawa ba ta bukatar fiye da ɗan da'irar da 'yan kallo suka kewaye. Saboda haka yaran ƙauye sukan dunƙule tsumma su buga a gonar da aka girbe, cikin kututturan karan dawa, su kafa duwatsu ko takalma a madadin raga, kuma da zarar ruwan shuka ya sauka wasa ya tashi, kowa ya ɗauki fartanya.

Abin da ya sauya wannan hali shi ne shirin ilimin firamare kyauta ga kowa da gwamnatin Obasanjo ta ƙaddamar a 1976, domin makarantun da aka gina a ƙauyuka sun zo da harabarsu, ƙasar da ba ta gadon kowa ba ce, wadda ba a shuka ta da damina. Makarantun kwana irin Sakandaren Kimiyya ta Dawakin Tofa, wadda aka buɗe a 1977, sun ƙarfafa gasar gida-gida, wato karawa tsakanin ɗakunan kwanan ɗalibai, da gasar makaranta da makaranta. A daidai wannan lokaci rediyo ta riƙa kai labarin Raccah Rovers ta Kano, wadda ta ci gasar lig ta ƙasa a 1978, har gindin bishiyoyin hira. Da yamma ta yi, ɗalibi da almajiri da ɗan noma sukan haɗu a fili guda, kuma daga nan ƙungiyoyin unguwanni da na ƙauyuka suka samo asali.

Kano Pillars, wadda aka kafa a 1990, ta ci lig a 2008 da 2012 da 2013 da 2014, sannan a 2019 ta doke Niger Tornadoes a Kaduna da bugun daga kai sai mai tsaron gida, ta dawo wa Kano da kofin da garin ya fara ɗagawa shekara 66 kafin nan. Magoya bayan da suke cewa "Sai Masu Gida" a ƙauyukan arewacin Kano a filin makaranta akasarinsu suka fara sanin wasan. A yau jama'a tana ƙaruwa, gado yana daddatsa gonaki, gine-gine kuma suna matso harabar makarantu, don haka haƙƙi ne a kan dagatai da iyaye da hukumomin ilimi su tsare waɗannan filaye. Gidan kallo yana iya nuna wa yaro wasannin Ingila da Sifen, amma in aka yanka filin makaranta aka yi shaguna, babu inda zai sa ƙafa ya buga tasa tamaular.