Yadda Ake Renon Furen Lili Na Gabashin Asiya A Tukunya Cikin Gida

Lili na gabashin Asiya yana daga cikin furannin da suka fi girma da ƙamshi a kasuwar furanni ta duniya. An same shi ne ta hanyar barbarar wasu nau'o'in daji na ƙasar Japan, musamman Lilium auratum da Lilium speciosum. Daga cikin sanannun irinsa akwai Casa Blanca mai farin fure, da Stargazer mai launin ja da farin baki, wanda Leslie Woodriff ya samar a jihar Kalifoniya ta Amurka a shekarar 1974. A yau ƙasar Holand ce kan gaba wajen noma da fitar da albasar wannan fure.

Lili tsiro ne na ƙasar sanyi, kuma wannan ne ke yanke hukuncin nasara ko asara ga mai renonsa a Najeriya.

Sanyin da albasar ke buƙata

Lili yana tsirowa ne daga wata saiwa mai kama da albasa. Kafin ta ba da fure, sai ta shafe makonni takwas ko fiye a sanyin da bai wuce digiri 2 zuwa 5 a ma'aunin Selshiyos ba. Yawancin albasar da ake sayarwa don tukunya an riga an sanyaya ta, don haka ya kamata mai saye ya tambaya. Idan ba a yi ba, ana ajiye ta a firiji cikin leda mai huji, tare da garin katako mai ɗan danshi. Ba a haɗa ta da tuffa ko ayaba, domin iskar da 'ya'yan itatuwa ke fitarwa yayin nuna tana lalata furen tun yana cikin albasar.

Albasar lili ba ta da busasshen ɓawo irin na albasar miya, saboda haka tana saurin yaushi. Da zarar an fito da ita daga sanyi, sai a dasa.

Tukunya da ƙasa

Ana buƙatar tukunya mai zurfin santimita 30 ko fiye, mai huji a gindi. Mai faɗin santimita 30 tana ɗaukar albasa uku. Ana binne kowace da tsininta a sama, a rufe ta da ƙasa mai kaurin santimita 10 zuwa 15. Dalilin wannan zurfi shi ne karan lili yana fitar da nasa saiwoyin a saman albasar, kuma su ne ke ciyar da shi har ya yi fure.

Ƙasar ta kasance mai laushi, mai ɗan tsami, wadda ruwa ke wucewa da sauri. Ruɓaɓɓen ganye da yashi mai tsakuwa suna taimakawa. Toka da ɗanyen taki da ruwan zartsi kuwa suna cutar da shi. Ana ba da ruwa ne idan saman ƙasar ya fara bushewa, domin ruwan da ya kwanta a tukunya shi ne babban abin da ke ruɓar da albasar.

Haske da zafi

Tukunyar na buƙatar haske mai ƙarfi na kimanin awa shida a kullum, kuma tagar da ke fuskantar gabas ta fi dacewa. A riƙa juya ta don kada karan ya karkata, a kuma kafa masa sanda idan ya yi tsawo. Ya fi jin daɗin yanayin da ke kusa da digiri 20. Zafi mai tsanani ko ƙarancin haske kan sa tohon furen ya bushe ko ya zube kafin ya buɗe. Shi ya sa wurare masu sanyi kamar Jos da tsaunin Mambila suka fi dacewa da shi, yayin da a sauran sassan Arewa lokacin hunturu ne ya fi ba da dama. Daga dasawa zuwa fure akan ɗauki wata uku zuwa huɗu. A kula da darɓa, domin tana yaɗa cuta daga wannan tsiro zuwa wancan.

Haɗari ga kyanwa

Kowane sashe na lili guba ne ga kyanwa: ganye, fure, bununinsa, har da ruwan da aka tsoma shi a ciki. Ɗan kaɗan yana iya kashe mata ƙoda cikin kwanaki kaɗan. Gidan da ke da kyanwa ya fi kyau ya haƙura da wannan fure, kuma idan ta lasa a garzaya da ita wurin likitan dabbobi nan take. Bununin yana kuma ɓata tufafi, don haka ake tsinke kawunan da ke ɗauke da shi da zarar fure ya buɗe.

Bayan fure ya faɗi

Ana yanke kan furen kaɗai, a bar kara da ganye su ci gaba da samun ruwa da ɗan taki har su yi rawaya da kansu, domin a lokacin ne albasar ke tara abincin baɗi. Daga nan a tone ta, a mayar da ita firiji na wasu makonni takwas, sannan a sake dasawa a sabuwar ƙasa.