Tarihin Na'urar Kwafe Abubuwa a Ƙagaggun Labaran Kimiyya

Na'urar kwafe abubuwa kayan aiki ce da ba a taɓa ƙerawa ba, sai a cikin ƙagaggun labaran kimiyya. Aikinta shi ne ta jera ƙwayoyin zarra yadda ake so: ko ta fito da kwafin abin da aka ɗora mata, kamar yadda injin fotokofi yake yi wa takarda, ko ta mayar da tarkace ya zama abinci, tufa ko magani. Burin mayar da dalma zinariya tsoho ne, kowa ya san shi. Sabon abin a nan shi ne na'urar ba ta buƙatar sirri ko gwani, duk mai yatsa zai iya danna ta.

Ana yawan jingina asalinta ga shirin talabijin na Amurka, Star Trek, har a ba ta shekarar 1966. Wannan bai inganta ba. A shirin farko, wanda aka nuna daga 1966 zuwa 1969, 'yar taga ce a bango take fito da abinci. Na'urar da ta shahara da sunan replicator sai a 1987 ta kafu, a Star Trek: The Next Generation. Kafin nan kuwa marubutan mujallu sun shafe kusan rabin ƙarni suna muhawara a kanta, kuma a wurinsu ainihin tarihin yake.

A 1939 William F. Temple, ɗan Ingila, ya buga labarin Four-Sided Triangle a mujallar Amazing Stories. Abokai biyu ne suka ƙera na'urar, kuma yarinya ɗaya suke so. Da ta zaɓi ɗaya, sai aka kwafe ta saboda ɗayan. Amma kwafin ta zo da zuciyar ta asali, ita ma wancan ɗin take so. Labarin ya zama littafi a 1949, kamfanin Hammer ya mayar da shi fim a 1953.

Wanda ya kai na'urar kasuwa, ya tambayi abin da za ta yi wa kuɗi, shi ne George O. Smith, injiniyan rediyo ɗan Amurka. Labarinsa Pandora's Millions ya fito a 1945 a mujallar Astounding Science Fiction, lokacin John W. Campbell yana edita. Injiniyoyin labarin sun fara da na'urar aika kaya ta iska. Sai suka lura cewa saƙon da ake aikawa ana iya adana shi a sake kunnawa sau dubu, kowane kunnawa ya haifi sabon kaya. Daga nan zinariya ta zama banza, takardar kuɗi ma haka, masana'antu suka tsaya. Abin da ya rage da daraja shi ne aikin da mutum yake yi da hannunsa da iliminsa, irin na likita. Smith ya rufe ɓarakar da wani ƙagaggen sinadari, identium, wanda yake fashewa idan aka yi ƙoƙarin kwafe shi, don haka aka iya buga kuɗi da shi. Mafitar tana da rauni, domin ta dawo da duniya inda take ba tare da ta amsa tambayar ba, amma Smith ne ya shata filin da na bayansa suka yi noma a ciki.

Damon Knight bai yarda da wannan sassauci ba. A gajeren labarinsa na 1957, wanda ya faɗaɗa zuwa littafin The People Maker a 1959, daga baya aka sake masa suna A for Anything, an aika wa mutane na'urar Gismo ta gidan waya, bibbiyu, yadda ɗaya za ta kwafe ɗayar. Knight ya bi lissafin har ƙarshe: idan kaya sun zama kyauta, abin mallaka ɗaya da ya rage shi ne ɗan'adam. Cikin 'yan zuriyoyi kaɗan duniyarsa ta koma ta iyayengiji da bayi, har bayin ma kwafe su ake yi.

Tsakanin waɗannan biyu Ralph Williams ya shigo da Business as Usual, During Alterations, a Astounding ta 1958. Halittu daga wata duniya ne suka ajiye na'urar, mai faranti biyu da maɓalli, don su gwada ko tattalin arzikin mutane zai rushe. Jarumin manajan babban kanti ne. Cikin yini guda ya gane cewa tara dubban kaya iri ɗaya ya daina amfani, abin nema yanzu shi ne samfuri ɗaya na kowane iri, ciniki kuma ya koma kan bashi da amana. Wannan labari shi ne mafi ƙarancin shahara cikin ukun, kuma shi ya fi kusa da abin da ya faru da waƙoƙi da finafinai bayan intanet ta sa kwafe su ya zama kyauta.

A Italiya, Primo Levi, masanin haɗa sinadarai daga Turin, ya saka na'urar Mimete cikin tarin labaransa Storie naturali na 1966, wanda ya buga da sunan aro Damiano Malabaila. Da yake sana'arsa ce, bai manta cewa abu ba ya fitowa daga babu ba: tasa na'urar sai an zuba mata wani haɗin sinadarai kafin ta yi aiki.

Star Trek ta ɗauki na'urar ta mayar da ita kayan gida, Kyaftin Picard na The Next Generation yana neman shayi mai zafi a wurinta. Matsalar Smith ba ta gushe ba. Shirin Deep Space Nine na 1993 sai da ya ƙago latinum, abin da ba ya kwafuwa, don a samu kuɗin ciniki, Voyager na 1995 kuma ya sa wa ma'aikatan jirgi ƙa'idar yawan amfani da ita.

Ta ɓangaren kimiyya ta gaskiya, ana fara lissafi daga laccar Richard Feynman ta Disamba 1959 kan sarrafa ƙwayoyin zarra ɗaya bayan ɗaya, sai littafin Eric Drexler, Engines of Creation, na 1986, wanda tunaninsa ya bayyana a The Diamond Age na Neal Stephenson a 1995. A 1989 masu bincike na IBM sun jera ƙwayoyin zarra 35 na sinadarin zenon suka rubuta sunan kamfanin. Richard Smalley, wanda ya ci kyautar Nobel a 1996, ya musanta Drexler a 2001, yana cewa yatsun irin wannan inji za su yi kauri da danƙo fiye da yadda za su iya ɗaukar zarra su ajiye. Injinan buga abubuwa masu jiki, waɗanda Chuck Hull ya samu rajistar mallakar wani nau'insu a 1986, ba sa taɓa zarra. Jera roba ko ƙarfe suke yi hawa-hawa. A 2012 kamfanin MakerBot ya sa wa nasa suna Replicator, a Disamba 2014 kuma aka buga sifana a tashar sararin samaniya ta ƙasa da ƙasa daga zanen da aka aika daga doron ƙasa.