2.3 Taƙaitaccen Tarihin Baruch Blumberg da Bincikensa kan Ciwon Hanta

An haifi Baruch Blumberg a birnin New York na ƙasar Amurka a shekarar 1925. Ya sami digirin likita a Jami'ar Columbia a 1951, sannan ya yi digiri na uku a Jami'ar Oxford ta Ingila a 1957.

Da farko ba ciwon hanta ya sa a gaba ba. Abin da ya dame shi shi ne dalilin da ya sa wasu mutane ke kamuwa da cuta, wasu kuma su tsira. Wannan ya sa ya riƙa tattara jinin al'ummomi daban-daban yana nazari. A cikin jinin wani ɗan asalin Ostireliya ne ya gano wani sinadari, ya kuma wallafa sakamakon a 1965. Zuwa 1967 ta tabbata cewa sinadarin yana da alaƙa da ciwon hanta nau'in B.

Wannan bincike ne ya ba da damar tantance jini kafin a ƙara wa majiyyaci, ya kuma kai ga samar da allurar rigakafi. An ba shi lambar yabo ta Nobel a 1976. Ya rasu a 2011.