Daga Surayya zuwa Ɗan Gajimaren Al-Sufi: Gungun Taurari a Tarihin Ilmin Musulmi

Gabatarwa

Wanda ya ɗaga kai da dare a Kwaciri a yau, da ƙyar zai ƙirga taurari kaɗan, domin hasken fitilun Sabon Gari da na filin jirgin sama ya dusashe sauran. Alhali Fagge asalinta zango ce ta ayarin da ke ƙetaro Sahara, waɗanda taurari ke yi wa jagora. Wannan maƙala ta bibiyi tarihin abubuwa uku da ake gani a sama kamar curi ko hazo, domin nuna cewa malaman Musulmi sun san su tun kafin a ƙera madubin hangen nesa, kuma gujewa bokanci ba hujja ba ce ta barin nazarinsu.

Gungu biyu a cikin manzilolin wata

Malaman ƙasar Hausa sun gaji lissafin manzilolin wata 28 daga Larabawa. Kowace manzila tana da kwana 13, ban da Jabha mai kwana 14, jimilla kwana 365. Da wannan lissafi ake gane shigar damina da lokacin shuka. Biyu daga cikin manzilolin ba taurari ɗai-ɗai ba ne. Ta uku ita ce Surayya, wadda Bahaushe ke kira Kaza da 'Ya'yanta, kuma bayyanarta da asuba tana dacewa da farkon damina. Ido yana rarrabe shida ko bakwai daga taurarinta. Ta takwas ita ce Nasra, wadda ido ba ya ganin komai a cikinta sai ɗan hazo. A shekarar 1610 Galileo ya bayyana cewa madubinsa ya nuna masa taurari kusan 40 a cikin wannan hazo. Ke nan, malamin da ke lissafa wa manoma kwanakin Nasra yana aiki ne da gungun taurari, ko da bai san haƙiƙarsa ba.

Shaidar Al-Sufi

An haifi Abdurrahman al-Sufi a Rayyu ta ƙasar Farisa a 903, ya rasu a 986. Wajen shekarar 964 ya wallafa Kitabu Suwaril Kawakib, inda ya bi surori 48 na Baɗlamus ɗaya bayan ɗaya, ya gyara ƙimar hasken taurari bisa abin da idonsa ya gani, ya kuma haɗa su da sunayen da Larabawa suka san su da su. A wajen bayanin surar Al-Mar'atul Musalsala, wadda Turawa ke kira Andromeda, ya ambaci wani tabo mai kama da ɗan gajimare. Wannan shi ne rubutaccen bayani mafi daɗewa da aka sani game da wata majarra, wato tarin taurari mai zaman kansa, ban da tamu.

Turai ba ta siffanta wannan tabo ta madubi ba sai a 1612, a hannun Simon Marius. Daga baya Charles Messier, Bafaranshe mai farautar taurari masu wutsiya, ya tattara irin waɗannan tabubbuka don kada su riƙa ruɗa shi. Jerinsa na 1781 ya ƙunshi 103. Gajimaren Al-Sufi ne na 31, Nasra ta 44, Surayya ta 45. Sai a 1923 Edwin Hubble ya gano a cikin gajimaren wani tauraro mai haskensa na ƙaruwa yana raguwa a kan ƙa'ida, wanda ya ba shi damar auna nisa, aka tabbatar cewa yana wajen majarrarmu. Ƙiyasin yau shi ne haskensa yana shafe kimanin shekara miliyan 2.5 kafin ya iso gare mu, alhali na Surayya bai wuce shekara 450 ba.

Tsakanin tasyiri da ta'asiri

Malamai sun raba ilmin taurari gida biyu. Ilmut tasyir shi ne sanin tafiyarsu don gane alƙibla, lokuta da hanya, kuma aya ta 16 ta Suratun Nahl ta ambaci shiryuwa da taurari a cikin ni'imomin Allah. Ilmut ta'asir kuwa shi ne jingina musu tasiri a kan al'amura, kuma hadisin Zaidu bin Khalid da ke cikin Bukhari da Muslim ya yi gargaɗi mai tsanani ga mai jingina saukar ruwa ga tauraro.

Tarihinmu ya ga ɓangarorin biyu. Muhammad al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741, ya wallafa Ad-Durrul Manzum a kan ɗalasimai da taurari. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello kuwa ya yi rubutu yana gargaɗi a kan masu duba da taurari. Amma da Hugh Clapperton ya ziyarce shi a Sakkwato a 1824, ya nuna masa taswirar sama, sai ya tarar Sarkin ya san buruji 12 duka, da taurari masu yawa da sunayensu na Larabci. Wanda ya yi hani ga duba bai jahilci sama ba.

Kammalawa

Abin damuwa shi ne ɗalibanmu da yawa sun riƙe rabin matsayin Bello, sun saki rabi. Da an ambaci taurari sai zuciya ta tafi ga bokanci, har ilmin da ake buƙata wajen duban jinjirin wata da daidaita alƙibla ya zama baƙo a tsangayoyinmu. Darajar Al-Sufi ba ta madubi ba ce, domin bai mallake shi ba. Ya duba ne da kansa, ya rubuta gwargwadon abin da ya gani. Wannan tarbiyya ce da ɗalibin hadisi ya san irinta wajen tantance ruwaya. Duk wanda ya fita bayan gari a daren da babu farin wata, cikin Oktoba ko Nuwamba kafin hazo ya yi kauri, ya fuskanci arewa bayan sallar isha'i, zai iya ganin gajimaren nan da idonsa kamar yadda Al-Sufi ya gan shi. Allah ne Mafi sani.