Philippe Contamine: masanin da ya bi sawun yaƙi har ya gano tushen gwamnatin Faransa

Philippe Contamine masanin tarihi ne ɗan ƙasar Faransa da ya ƙware a kan sarauta, yaƙi da zamantakewa a ƙarni na 14 da na 15. An haife shi a birnin Metz ranar 7 ga Mayun 1932, ya kuma rasu ranar 26 ga Janairun 2022 yana da shekara 89. Mahaifinsa, Henry Contamine, shi ma malamin tarihi ne.

Ya koyar a jami'ar Nancy, daga nan ya koma Nanterre a 1973, sannan Sorbonne da ke Paris daga 1989 har ya yi ritaya. A 1990 aka zaɓe shi mamba a Académie des inscriptions et belles-lettres, majalisar manyan masana tarihi da harsuna ta ƙasar.

Babban aikin da ya fito da sunansa shi ne Guerre, État et société à la fin du Moyen Âge, wanda aka buga a 1972. Littafin ya yi nazarin rundunonin sarakunan Faransa daga 1337 zuwa 1494. Maimakon ba da labarin jarumtaka a fagen fama, Contamine ya zauna da takardun ƙidayar mayaƙa da littattafan ma'ajin yaƙi, yana tambaya: wa ake ɗauka soja, nawa ake biyansa, daga ina kuɗin ke fitowa?

Amsar ta nuna yadda Yaƙin Shekara Ɗari da aka gwabza da Ingila (1337 zuwa 1453) ya sauya sarautar kanta. A da, sarki kan kira masu sarauta da barorinsu idan yaƙi ya taso, in an gama kowa ya kama gabansa. Sojojin haya da aka sallama kuwa sai su zama alaƙaƙai, suna wawashe ƙauyuka. A 1445 Sarki Charles na Bakwai ya kafa rundunonin dawaki na dindindin da ke karɓar albashi ko babu yaƙi, a 1448 kuma ya sa garuruwa su riƙa ba da 'yan baka. Rundunar da ba ta watsewa tana bukatar haraji da ba ya yankewa, haraji kuma na bukatar ma'aikata. Ta haka iko ya taru a hannun sarki, yawancin nauyin kuɗin ya faɗa kan talakawa, masu sarauta da dama suka koma cin albashi a ƙarƙashinsa. Da wannan runduna Faransa ta yi nasara a Formigny a 1450 da Castillon a 1453.

Daga cikin sauran littattafansa akwai La Guerre au Moyen Âge na 1980, wanda aka fassara zuwa Turanci, da nazarinsa na 1997 kan masu sarauta, da tarihin rayuwar Charles na Bakwai da ya fito a 2017. Ya kuma taɓa jagorantar cibiyar nazarin Jeanne d'Arc da ke Orléans.

Har yanzu ɗaliban tarihi na komawa ga ayyukansa idan suna neman sanin alaƙar soja, haraji da ikon gwamnati.