Lord Salisbury: Basaraken Ingila da Ya Ja Layi Daga Say Zuwa Tafkin Chadi

  Shirinmu na tarihi na wannan mako ya waiwayi wani basaraken Ingila da yawancinmu ba mu taɓa jin sunansa ba, alhali kullum muna tsallaka aikin hannunsa. Duk wanda ya taɓa wucewa tsakanin Illela da Konni, ko Jibiya da Maraɗi, ko Kamba da Gaya, to ya bi ta kan layin da aka fara shatawa a zamanin Lord Salisbury.

Sunansa na yanka Robert Cecil. An haife shi a 1830 a wani katafaren gida mai suna Hatfield, arewa da birnin Landan. Gidan sarauta ne na asali, don kakanninsa sun yi wa Sarauniya Elizabeth ta ɗaya waziranci tun wajen shekaru 300 kafin haihuwarsa. Sai dai shi yaro ne mai laulayi da son kaɗaici. A makarantar Eton yara suka sa shi gaba da tsangwama har aka cire shi yana ɗan shekara 15. Bayan ya yi karatu a Oxford, aka tura shi yawon shan iska ta ruwa saboda lafiyarsa, ya ga Afirka ta Kudu da Ostareliya. Da ya dawo a 1853, ya shiga majalisar dokoki yana da shekara 23, ba tare da ko abokin takara ba.

A 1857 ya auri wata ɗiyar alƙali, Georgina Alderson, wadda mahaifinsa yake ganin ba tsararsu ba ce. Tsohon ya tsuke masa bakin aljihu, sai ɗan sarki ya koma rubutu a jaridu don ya ciyar da iyali. Da yayansa ya rasu a 1865, mahaifinsa kuma a 1868, sarauta da gida da filaye suka faɗo hannunsa.

A siyasa ɗan mazan jiya ne na gidi. A 1867 ya ajiye muƙamin ministan harkokin Indiya don bai yarda a bai wa ma'aikata talakawa damar jefa ƙuri'a ba. Duk da haka ya yi firaminista har sau uku: 1885 zuwa 1886, 1886 zuwa 1892, sai 1895 zuwa 1902, sama da shekaru 13 ke nan. A mafi yawan wannan lokaci shi ne kuma ministan harkokin waje. A nan ne labarinsa ya shafe mu.

To, yaya aka yi? A 1890 Salisbury ya yi ciniki da Jamus: ya ba su wani ɗan tsibiri mai suna Heligoland, su kuma suka sakar wa Ingila Zanzibar. Faransa ta ce ba ta yarda ba, don akwai tsohuwar yarjejeniya tsakaninta da Ingila cewa ba wanda zai taɓa Zanzibar. Don a lallashe ta, ranar 5 ga Agusta 1890 aka sa hannu a wata takarda: Ingila ta amince Madagaska ta Faransa ce, sannan aka ja layi daga garin Say a bakin Kogin Isa, wanda wasu ke kira Kwara, zuwa Barruwa a bakin Tafkin Chadi. Arewa ta Faransa, kudu ta kamfanin Ingila na George Goldie, da sharaɗin duk abin da ke ƙarƙashin daular Sakkwato ya faɗa wa kamfanin. Kun ji fa, rigimar wani tsibiri a gabashin Afirka ce aka biya da ƙasar Gobir da Katsina da Damagaram. Ba a tambayi Sarkin Musulmi ba, ba a tambayi Shehun Borno ba, balle arɗo ko madugu.

Shi kansa Salisbury bai ɓoye ba. A wani jawabi da ya yi a shekarar, ya yi ba'a cewa suna ta raba duwatsu da koguna da tafkuna a kan taswira, matsalar ɗaya kawai ita ce ba su san inda suke ba. A majalisa kuma ya nuna cewa abin da Faransa ta samu rairayin hamada ne. Maganar ta yi wa Faransawa zafi, suka tura wani hafsa, Monteil, ya bi layin da ƙafarsa. Ya shiga Sakkwato da Kano a 1891, ya kuma kai rahoton cewa akwai ƙasashe da dama a yankin da ba sa bin Sarkin Musulmi.

Aka sake zama a Paris a watan Yuni 1898. A wannan karo aka kafa tsinin alƙalami a kan Sakkwato aka zana rabin da'ira mai nisan mil 100, wato kimanin kilomita 160. A wannan zaman ne aka raba Borgu, Nikki ta bi Faransa, Busa ta bi Ingila, aka kuma tsayar da iyakar arewacin ƙasar da ake kira Gana a yau.

Amma akwai abin da taswira ba ta nuna ba, wanda kowane makiyayi ya sani: ruwa. Da sojojin Faransa suka nemi tafiya daga bakin kogi zuwa Damagaram ba tare da sun taka yankin Ingila ba, sai suka tarar da'irar ta ture su arewa, inda rijiya ke da nisan kwanaki. Dole aka koma teburi. A 1904 Ingila ta yarda a sauko da layin kudu, Maraɗi ta koma ɓangaren Faransa. Me Faransa ta bayar? Ta janye haƙƙinta na musamman na kamun kifi a gaɓar wani tsibiri da ke cikin Kanada a yau. Tsakanin 1906 da 1908 ne ma'auna na ƙasashen biyu suka bi gari gari suna kafa alamomi.

Salisbury bai ga wannan gyara ba. Ya sauka a 1902, ya miƙa mulki ga ɗan ƴar'uwarsa Arthur Balfour, ya rasu a Hatfield a watan Agusta 1903, shekarar da sojojin Lugga suka ci Kano da Sakkwato. Har ya mutu bai taɓa taka ƙasar Hausa ba. Gidansa na Hatfield yana nan a hannun zuriyarsa har gobe, ba wanda ya tsaga masa shi biyu.

Mu kuwa layin ya bar mu da naira a aljihu ɗaya, sefa a ɗayan. Wa a makarantar Turanci, ƙane a ta Faransanci. Da aka rufe iyaka a 2019, aka sake rufewa a 2023, kowa ya ga yadda albasa ta ruɓe a mota, farashin gero da masara ya tashi, garke ya tsaya cirko-cirko a inda ba ciyawa. Iyaka dai ta zama doka, a kiyaye ta, a riƙe takardun dabbobi da na kaya. Amma a tuna, burtali da kasuwa da zumunci sun girme ta nesa ba kusa ba, kuma ko waɗanda suka ja ta sai da rijiya ta tilasta musu gyara ta.

Dattawan da suka ji labarin kafa alamomin iyaka daga bakin kakanninsu, muna roƙon su aiko mana, mu sa a shiri na gaba. Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya tsare matafiya. Sai mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu.